Kabewa a beshik

Aikina a ma'aikatar fim ta gwamnati da ke Tashkent shi ne ɗinkin kayan 'yan wasa. Ɗana Shuhrat yana da wata huɗu a lokacin, kuma tari ya saka shi gaba, don haka kullum yana kwance kusa da murhun ɗakin ɗinki inda idona ke kansa.

Fim ɗin da muke yi na tsintar auduga ne a tsakar rana mai zafi. Kwamitin tace fina-finai bai amince da labarin ba sai da dusar ƙanƙara ta sauko, shi ya sa aka manna auduga da gam a busassun karare, ana shafa wa 'yan wasa mai a goshi ya zama gumi, haƙoransu na kaɗawa.

Akwai inda uwa za ta girgiza beshik, gadon jarirai na katako, a bakin gona tana waƙa. Hosiyat-opa, babbar 'yar wasanmu, ta leƙa ciki ta ja da baya.

"Ni zan girgiza gadon da ba kowa? In jawo wa jikokina masifa? Ergash, uwarka ba ta faɗa maka komai ba ne?"

Darakta Ergash-aka ya ce ai wannan camfi ne, gwamnati ta kashe shi tuntuni.

"To zo ka girgiza da hannunka."

Ya cusa hannuwan a aljihu. Sai ga shi a ɗakin ɗinki yana murmushi.

"Sabohat, ƙanwata, ɗanki zai shiga tarihi. Yau za a ga jaririn Uzbek a majigi, ana yi masa waƙa da harshensa."

"Ergash-aka, tari yake yi."

"Ba a ɗaukar murya a waje, daga baya ake sawa. Ya yi tarinsa."

Na ce to, don wadda ta ce wa darakta a'a sai ta nemi wani aikin. Da ya fita na dubi kabewar nan doguwa mai wuya da na sayo da safe don samsa, burodin da muke cusa wa kabewa mu gasa. Na naɗe ta da zanen Shuhrat, na sa mata hula, na ɗaure ta a beshik yadda ake ɗaure yaro, na rufa mayafi. Shuhrat na bar shi wajen abokiyar ɗinkina.

Hosiyat-opa ta ɗaga mayafin, ta dube ni, ta sake dubawa.

"Tubarkalla," ta ce da ƙarfi. "Kamarsa ɗaya da darakta." Ta sunkuyo kunnena. "Akwai abu a ciki dai, 'yata. Ya isa."

Aka yi ta maimaita ɗauka har yatsun mai kyamara suka sandare. Kabewa ko motsi.

Da kwamiti suka kalli fim ɗin, sun yanke waƙar saboda ta ambaci Allah, sun yanke tsohon da ke shan shayi saboda zama yake lokacin aiki. Jaririn kaɗai suka yaba: ɗan gonar gwamnati, ƙoshi ya hana shi kuka. Ergash-aka ya tashi ya ce shi da kansa ya zaɓo yaron.

Ni dai a ranar ɗaukar na kwance kabewar na yi samsa, na kai wa darakta guda biyu. Ya ce ta ji mai. Tarin Shuhrat ya sake shi kafin Navruz, bikin shigowar bazara.