Tsibirin da Aka Bar Hashimu

Shekara shida Tsoho yana kai ruwa gida-gida a unguwar Tandabawi, kusa da Harami, garwa biyu a kafaɗa, kuma duk shekarun nan lungu ɗaya yake kauce wa, na Ruƙayyatu mai waina. Ran nan bayan la'asar ta gaji, ta tare shi da kanta a inda ake ɗibar ruwa.

"Baba Tsoho, an ce jirgin ruwa ɗaya kuka hau da maigidana Hashimu daga tashar Sawakin. Ni na riga shi hayewa tare da yayana. Malam ya ce in aka sami wanda ya ga gawarsa, in yi takaba in huta. Akwai mai nemana da aure. Don darajar Ɗakin nan, ka gani?"

Tsoho ya sauke garwa.

A waccan tafiyar, mai jirgin nan, Allah ya isa, da hantsi ya sauke su kan wani farin yashi, ya ce ga ƙasar Hijaz, ku miƙe, Jidda na gaba. Su kuwa bayin Allah, mutanen tudu, me suka sani game da teku? Suka yi wanka, suka ɗaura harami, suka kama Labbaika. Kafin azahar sai ga su sun dawo kan sawunsu. Ashe tsibiri ne, shimfiɗe kamar faifai. Babu bishiya, babu rijiya, sai ƙaguwa da kashin tsuntsaye da wata ciyawa mai gishiri.

Hashimu ya ƙi yarda. Taurin kai gare shi, kai! Ya ce dole akwai mashigi ta gabas in ruwa ya janye, kullum can yake wuni.

Rana ta huɗu iska ta koro wasu masunta. Su ko sunan wurin ba sa kira. Wai aljanu ne ke kiwon tsuntsayen, kuma duk wanda ya bari rana ta karkata yana kan yashin ya zama nasu. Ba su taka ƙasa ba, daga cikin ruwa suka yi ihu: mai zuwa ya zo yanzu. Tsoho ya faɗa ruwa har wuya. Da aka jawo shi ya waiga, ya hango farin haramin Hashimu can gabas, yana tsaye ya ba su baya. Kwalekwalen ya riga ya cika, ruwa na lasar bakinsa. Tsoho ya ji tsoro kada in ya kira shi a ce wani ya sauka. Ya yi gum.

Yanzu ga matar a gabansa. Kalma ɗaya za ta sake ta, kuma ba mai ƙaryata shi. Ya buɗe baki, idonsa ya sauka kan hasumiyar Harami ta saman rufin gidaje. Ƙarya, a nan? Harshensa ya ƙi.

"'Yata, ban ga gawa ba. A tsaye na bar shi, da ransa. Kuma ban kira shi ba."

Ya sunkuyar da kai yana jiran tsinuwa, wallahi da ta fi masa sauƙi. Sai ya ji ta yi ajiyar zuciya. Da ya ɗago, fuskarta ta washe, hawaye na zuba.

"A tsaye? Alhamdu lillahi! Ashe yana nan. Bari in je in sallami mutumin can."

"Ruƙayyatu, babu ruwa a wurin nan. Ko ɗigo."

Ta riga ta juya, tana gyara mayafi da sauri.