Ƙwaro a Kunnen Mai Ciki

Aikina a asibitin nan shi ne sa wa cuta lamba. Likita ya duba mutum ya yi rubutunsa irin na tsattsagin kaji, ni kuma in zauna a ɗakinmu na ƙasan bene, kusa da inda ake wankin zannuwan gado, in mayar da rubutun lambar da kwamfuta take ganewa. Zazzaɓi da lambarsa, targaɗe da tasa. Ba na ganin marasa lafiya, kuma wallahi haka na fi so.

Shi ya sa da na ɗago kai na ga wata mata tsaye a bakin ƙofa, ciki ya turo gaba, na ce mata ta yi ɓatan hanya, awon ciki yana can ɗaya ginin.

"Na gaji da jin wannan maganar, Yaya," in ji ta. "An ce ke ce mai lamba."

Na tura mata kujera. Malamar makaranta ce. Makon da ya wuce wani ɗan ƙwaro ya shige mata kunne tana shanya, ta zo likitan kunne ya zaro shi, ya ba ta maganin ɗigawa ta tafi. Yanzu za a yi wa mahaifiyarta aikin zuciya a can wani gari mai nisa, tsohuwar kuma ta kafe ba za ta shiga ɗakin tiyata ba sai ta ga autarta. Malama ta sayi tikitin jirgi na gobe da safe. Kamfanin jirgin suka ce mai ciki sai ta kawo takardar asibiti. Da ta karɓo, sai ga shi ɓaro-ɓaro a kai: matsalar da ta shafi juna biyu. Suka ce ba za su ɗauke ta ba.

"Ƙwaro ne fa, Yaya. A kunne. Ina kunne ina ciki?"

Na buɗe fayil ɗinta. Ni na sa lambar, kuma daidai na sa. Ƙa'idar aikinmu ita ce duk abin da ya kawo mai ciki asibiti, ko farce ne ya karye, a lissafa shi cikin matsalolin ciki, sai fa in likita ya rubuta da hannunsa cewa cikin ba shi da alaƙa da abin. Ni ba ni da ikon yanke wannan hukunci, ko da kuwa na ga ƙwaron da idona. Wanda ya tsara ƙa'idar kare masu ciki yake son yi, na sani. Amma da zan gan shi a ranar, da ya ji abin da bai taɓa ji ba.

Na ce mata ta je gida ta haɗa kaya, jimla ɗaya ce kawai daga likita, zan karɓo mata kafin azahar.

Na hau sama wurin likitan kunne. Mutumin kirki ne, irin kirkin da yake sa ka ji kamar ka shaƙe shi. Na miƙa masa takardar na faɗi buƙatata, ya karanta, ya gyaɗa kai, ya cire tabarau ya goge a hankali kamar ba jirgi ake jira ba.

"Ba zan iya cewa babu alaƙa ba. Maganin da na saba bayarwa ban ba ta ba, saboda cikin. Wani na canza mata."

"Likita, ƙwaron ya san tana da ciki ne da ya shiga?"

"Ƙwaron bai sani ba, amma ni na sani. Ki je wurin likitar mata ta rubuta cewa cikin lafiya lau."

Abin haushin, gaskiya ya faɗa. Da ƙarya ya yi da na samu inda zan kama. Na sauko ina tsaki, na tsallaka ɗaya ginin, na kutsa ta cikin layin masu awo, kowa tana hararata wai na tsallake layi. Likitar mata tana wanke hannu na tare ta.

"Cikinta lafiya, ni na auna ta," in ji ta. "Amma takardar nan a kan kunne aka bayar. Ni ban ga kunnenta ba. Ya za a yi in sa hannu a kan abin da ban gani ba?"

Ita ma gaskiya ta faɗa! Ranar nan gaskiya ta ishe ni. Na nufi wurin shugaban sashenmu na ce ko zan iya cire lambar in sa ta kunne kawai. Ya kalle ni ta saman kofin shayinsa ya tambaye ni ko na gaji da aikin ne. Ya ce masu bincike suna zuwa ƙarshen wata, kuma fayilolin masu ciki suke fara buɗewa.

Azahar ta yi ta wuce. Malama ta kira, na ce saura kaɗan. Ta sake kira, na kasa ɗauka don kunya. Likitan kunne ya shiga tiyata, likitar mata aka kira ta ɗakin haihuwa. Na zauna a benci tsakanin ƙofar tiyata da ta ɗakin haihuwa kamar mai jiran gawa, da takarda a cinyata, ƙafafuna suna zogi. Wata nas ta wuce ta tambaye ni wata nawa ne. Na ce mata tumbi ne, ta yi gaba.

Sai dab da tashi Allah ya haɗa min su a kan matattakala, shi yana sauka ita tana hawa. Na tsaya a tsakiya na buɗe hannuwa.

"Babu mai wucewa. Likita, rubuta cewa kunne ya warke. Ke kuma ki rubuta a ƙasa cewa ciki lafiya, za ta iya shiga jirgi. Kowa nasa."

Suka kalli juna suka yi dariya, wai ai wannan mai sauƙi ne, me ya hana in faɗa tun safe. Suka rubuta a kan gwiwa, suka buga hatimi. Lambar tana nan yadda take, amma ga sa hannu biyu a ƙarƙashinta, ko wane kamfani ne ya isa.

Tun a kan matattakalar na kira ta. Ƙarar inji da hayaniyar mutane suka fara cika min kunne kafin muryarta.

"Malama, an samu! Ki zo ki karɓa, ko in kawo miki gida."

"Allah sarki, Yaya. Ina cikin mota. Da na ji shiru na tsorata, kada in rasa jirgi in rasa mota. Na shiga babbar bas, sun ce sai gobe da dare za mu isa."

"Da wannan cikin? A wannan hanyar?"

"Kujerar baya na samu, a kan taya. Su ba su tambaye ni takarda ba." Motar ta faɗa wani rami, na ji ta ja numfashi ta yi salati. "Ki yi min addu'a kawai, Yaya."