Filafilin Ba Mala

Madam Rahamatou ƴar Doso ce. An turo ta Diffa koyar da Faransanci a lise, wato babbar sakandare, shekarar da aka hana hawa babur, aka sa dokar hana fita. Mijinta ya ce ba zai kai yara inda ake jin harbi ba, shi ya sa ta zo ita kaɗai, ta kama ɗaki a gidan wata tsohuwa kusa da kasuwa. A shekararta ta biyu aka ba ta ajin ƙarshe, masu shirin jarrabawar bak ta kammala sakandare, aka haɗa ta da littafin da ta fi so tun tana ɗaliba a Yamai.

Tsohon littafi ne, marubucinsa ya daɗe da mutuwa. Labarin wani ƙauye ne da ruwa ya ci, da wani mai fito da ya yini yana kwashe mutane da jirginsa zuwa tudu. A sawu na ƙarshe, gab da magariba, jirgin ya cika har ruwa na lasar bakinsa. Waɗanda suka rage cikin ruwa suka riƙe gefensa. Mai fiton ya ɗaga filafilin da yake tuƙi da shi, ya yi ta bugun hannayensu har suka saki.

Ranar da suka iso wannan babi, Madam ta rubuta kalmomi uku a allo: ruwa, fitila, filafili.

"To, ku gaya mini," ta ce. "Marubuci ba ya sa abu a banza. Ruwan nan me yake wakilta?"

Juwairiyya, wadda ke zama a benci na farko, ta ɗaga hannu. "Masifa ce, Madam. Ba ta tambayar gidan wa za ta shiga. Ya ce ruwan ya kai wuyan liman kamar yadda ya kai wuyan ɓarawo."

"Madalla. Fitilar da ke rataye a gaban jirgin fa?"

Aka ɗan yi gardama. Wasu suka ce bege ce, wasu suka ce imani. Madam ta sa suka koma shafin, suka ga cewa fitilar ta mutu ne daidai kafin mai fiton ya ɗaga hannu. Suka yarda tausayi ne da hankalin mutum, waɗanda iskar tsoro kan busa ta kashe.

Filafilin kuwa ita ta yi bayaninsa da kanta, don nan ne wurin da take jin daɗin koyarwa.

"Ku lura da kyau. Da icen nan ya ceci mutane tun safe, da shi kuma ya kashe da yamma. Icen bai sake ba. Hannun ɗan Adam ake nuna mana. Kirkinmu kamar tufa ne da muke sawa lokacin lafiya. In tsoro ya zo sai ya tuɓe mu, a ga muguntar da ke kwance ƙasa tun asali. Wannan shi ne jigon littafin gaba ɗaya."

Alƙaluma na ta gudu a kan takarda. Mutum ɗaya ne bai rubuta ba. Grema ne, wani dogon saurayi Babarbare da ya girmi sauran, don ya rasa shekara guda lokacin da aka tashi ƙauyensu daga bakin kogin Komadugu. Babu wanda ya kai shi iya tsara bayani a ajin, amma ba ya yawan magana. Ran nan ya ɗaga hannu.

"Madam, da bai buga ba fa?"

"Da jirgin ya kife, kowa ya mutu. Shi ya sa labarin ke da ciwo."

"To su na cikin jirgin, da suka yi shiru suna kallo, su alamar mene ne?"

Madam ta yi murmushi. Ba ta taɓa tunanin wannan ba. "Tambaya mai kyau. Ka riƙe ta, mu duba ta mako mai zuwa."

Mako mai zuwa Grema bai zo ba. Na bayansa ma bai zo ba. Da ta tambayi Juwairiyya, sai ta ce ya kwashe kayansa daga gidan da yake zaune a gari, ya koma wajen iyayensa a zangon ƴan gudun hijira na Assaga. Madam ta so ta bar zancen, don ɗalibai da yawa sun ɓace haka cikin shekarun nan. Amma yadda ya kalle ta lokacin da take maganar tufa ya ƙi barin ranta. Ranar Asabar ta sa littafin cikin jaka, ta shiga taksi.

Bayan shingayen sojoji da nuna katin shaida, aka sauke ta bakin hanya. Bukkokin kara ne da tamfol suka bazu har inda ido ya tsaya. Ta yi ta tambaya har wata yarinya mai ɗauke da jarka ta nuna mata gidan Ba Mala mai jirgi, uban Grema.

Ya Fatouma, uwar Grema, ta shimfiɗa mata tabarma, ta kawo ruwa, suka gaisa da ƴar Hausar da take ji. A inuwar bukkar wani dattijo na zaune ya jingina da kara, ƙasusuwan kafaɗarsa sun fito. Madam ta gaishe shi, ya amsa a hankali bai ɗago ba. Wani maƙwabci ya zo wucewa ya miƙa masa hannu. Dattijon ya dafa ƙirjinsa da hagu kawai, hannun damansa na kwance a cinya.

Grema ya dawo daga ɗiban itace ya gan ta. Ya sauke kayan, ya tsaya kamar zai juya. Daga baya ya ce, "Madam, mu je can gindin bishiya."

Suka zauna a kan wani kututture, nesa da bukkoki. Ta fara zancen jarrabawa da ta matso, ya katse ta.

"Wancan babana ne. Fito yake yi tun kafin a haife ni. Muna noman tattasai a wannan gaɓar, ƙanwarsa Gwaggo Halimatu tana aure a ƙetare. Bara waccan, kogi na cike, mutanen daji masu bindiga suka shiga garinsu da hantsi. Muna jin harbi daga gonarmu. Kowa ya gudu, shi ya tura jirgi cikin ruwa. Na bi shi, ni ke kwashe ruwan da ke shiga."

Ya dubi yatsun ƙafarsa, ya ci gaba.

"Ban san sawu nawa muka yi ba. A na ƙarshe muka sami Gwaggo da ƴaƴanta. Shi ya ɗora su. Harbi ya iso bakin kogi, mutane suka faɗo ruwa suka kama jirgin ta ko'ina. Ya karkata, ruwa ya fara shiga. Baba yana ihu su saki zai dawo, ba mai ji. Sai ya ɗaga filafilin."

"Grema..."

"Cikin waɗanda ya buga har da Kawu Abbakar, mijin Gwaggo. Ya kira sunan Baba. Na ji, ita ma ta ji. Ba a ga gawarsa ba har yau."

Madam ta rasa inda za ta sa idonta. Can nesa mata na layi a bakin famfo, ana ta hayaniya.

"Tun ranar ba ya ba kowa hannu," in ji Grema. "Gwaggo tana nan, bukka ta uku daga tamu. Ba ta taɓa zaginsa ba. Ba ta kuma taɓa kallonsa ba. Waɗanda ya ƙetarar, in sun hango shi sai su sake hanya. Ni kuma na je lakkwal na ji kin ce abin da ke ƙasa ne ya fito. Madam, ki gaya mini gaskiya. Wanda na sani shekara ashirin tufa ne? Na ranar nan shi ne ubana?"

Madam ta juyo ta dube shi. Sannan ta ce:

"Abin da aka koya mini na faɗa muku, kuma na yarda da shi lokacin da nake faɗa. Ban taɓa shiga jirgi ana harbi ba, Grema. Ban san amsar tambayarka ba. Amma ba na jin mutumin da ya tura jirgi wajen harbi alhali kowa na gudu tufa ya sa."

Ta ciro littafin daga jaka. "Ba mu kai babi na ƙarshe ba. Ka karanta?"

"Na tsaya a wancan."

"Karanta mini shi yanzu."

Ya karɓa, ya karanta da ƙarfi, yana tuntuɓe a wasu kalmomin. A babin, ruwa ya janye, mutane sun koma ƙauye. Ba wanda ya kai ƙarar mai fiton, ba wanda ya ce masa uffan. Sai dai sun daina shiga jirginsa. Sun gwammace su yi doguwar tafiya su zagaya ta gada. Kullum yana zaune bakin ruwa da jirgi wayam.

"Ni dai kullum ina cewa wannan hukunci ne," Madam ta ce. "Jirgin da ba kowa ciki, alhakin da ya ɗauka ne."

Grema ya rufe littafin da yatsarsa ciki. "Ba hukunci ba ne, Madam. Kunya ce. Lokacin da yake bugun, ni ina cikin jirgin ina cewa a raina, buga, buga da sauri. Duk wanda ke ciki haka yake cewa. Shi ya yi da hannu abin da muka roƙa da zuciya. In mun gan shi sai mu tuna mun ji daɗi da muka tsira."

Ya share ido da bakin rigarsa. Ita ma ba ta ɓoye nata hawayen ba.

Kafin ta tafi ta roƙe shi ya dawo aji ya faɗi wannan da bakinsa, ba sai ya ambaci kowa ba. Bai yi alkawari ba, amma ranar Talata sai ga shi a bencinsa.

Ya tsaya gaban allo ya yi bayani a kan mutanen cikin jirgin. Ya nuna cewa marubucin ya ba kowane mai nitsewa fuska da murya, amma na cikin jirgin bai ambaci sunan ko ɗaya ba, ya ce kawai sun sunkuyar da kai. Ya ce an bar su ba suna ne don mai karatu ya sami wurin zama a cikinsu. Ya ce littafin bai tsaya kan mugunta ba, yana tambaya ne wa ke ɗaukar nauyin ran da aka ceta. Da ya gama ba wanda ya tafa. Juwairiyya ta kifa kai a kan tebur. Rabin ajin sun ƙetare wani ruwa ko wani daji kafin su iso wannan ɗakin, kowa kuma ya san wanda aka bari a baya.

Grema ya ci gaba da zuwa har bazara ta yi tsanani. Kogi ya ƙafe, ya zama rairayi da ƴan tafkuna. Saura ƴan makonni a yi bak, Ba Mala ya tashi bayan sallar asuba ya ce wa matarsa zai je ya ga gonarsa. Ta ce an hana zuwa wajen, ya ce ya sani. Kwana ya yi bai dawo ba. Wasu makiyaya suka same shi kwance a gaɓar kogi, kusa da inda yake ɗaure jirgi da. Ba rauni a jikinsa. Gorar ruwansa ma a cike take.

Madam ta je gaisuwa ranar uku. Mutane ba su da yawa. Tana zaune cikin mata kusa da Ya Fatouma, sai wata mace siririya ta shigo da ƙwaryar gero a ka, yara biyu na biye da ita. Ta sauke ƙwaryar, ta durƙusa gaban Ya Fatouma, ta kama hannayenta. Ta sa aka kira Grema daga wajen maza, ta yi masa magana da Barbarci, tana yi tana shessheƙa.

Da ya rako Madam bakin hanya ta tambaye shi ko Gwaggon ce.

"Ita ce."

"Me ta ce?"

"Ta ce da hannun nan Baba ya ɗora ƴaƴanta cikin jirgi, ta sani, ba ta manta ba. Ta ce kullum tana so ta zo ta gaya masa, sai ta ce bari sai gobe."

Bai zauna jarrabawar ba. Ya Fatouma ta ce ba za ta iya ci gaba da zama kusa da kogin ba, danginta kuma suna garin Fulatari da ƴan dabbobi. Grema ne babba, shi ya kwashe ta da ƙannensa ya kai su, ya zauna yana kiwo da noma wa kawunsa. Madam ta kira shi ta ce za ta sa sunansa baɗi cikin masu zana jarrabawar daga waje, za ta aika masa da darussa. Ya yi godiya sosai, ya ce in Allah ya yarda.

Sun yi waya sau da dama cikin damina. Bayan girbi lambarsa ta daina shiga. Ta tambayi direbobin da ke bin hanyar Maine, ta wajen Fulatari, wani ya ce ya ji an ce yaron ya tafi arewa neman aiki, wani ya ce bai san shi ba. Lokacin rajista ya zo ya wuce. Ta ci gaba da gwada lambar duk ranar Juma'a bayan ta taso daga aji, har ranar da wata murya ta ɗauka, ta ce ita sabon layi ta saya, ba ta san wani Grema ba.