Jar Fitilar da Ke Ɗakin Badr

...kuma tana ci. 'Yar jar fitilar nan ta jikin kyamara, ci take yi. Tun yaushe?

Jamilatu na tsaye, tafin hannunta na zogi, kunu na bin gemun mijinta Badr. Bafaranshen nan mai ɗaukar fim ɗin shanyayyu ya sauka ƙasa, wai don ta cire niƙabi ta ciyar da mijinta a sake. Ɗan albarka, mai kunya! Ya fita, ya bar idonsa a ɗaki.

Mari biyu ta yi wa Badr. A'a, uku — na ukun da bayan hannu, zobe ya fasa masa leɓe. Don ya furzo kunu. Kunu fa!

Shekara shida. Tun ranar da sarƙar lodi ta tsinke a sito, aka kawo mata ƙaton namiji kamar buhun shinkafa, ido kawai ke motsi. Juyi, wanki, kashi, gyambon baya... ita kaɗai. 'Yan'uwansa sai Juma'a, da turare, da “Allah ya biya ki, ya Jamila.” Duk unguwar Hindawiyya ita ce mai haƙuri. Jiya ma haka ta zauna gaban wannan na'ura tana zuba zancen lada.

Yanzu ga fuskarta tsirara a ciki. Ga hannun. In yayarsa Sauda ta gani, halas, shi ke nan, a ranar za su ɗauke shi. Su ɗauke mana! Su ɗanɗana warin... A'a. Wa ya san yadda ake tallafe masa wuya? Kwana uku kawai zai shaƙe a hannunsu. Nata ne. Ko ta tsane shi da safe, nata ne.

Ta fizgo kyamarar, ta ɗaga sama. In ta maka ta da bango, ta tattake, ta ce faɗuwa ta yi — wa zai ƙaryata? Shi?

Yana kallonta. Jini a haƙoransa. Ƙifta ɗaya “i” ne a gidan nan, biyu “a'a”.

Ya ƙifta. Ya sake.

Kada ta fasa? So yake a gani? Shekara shida bai taɓa ce mata a'a ba, ko kuwa... ita ce ba ta taɓa tsayawa ta ga ta biyun ba?

Takun Bafaranshen a matakala, yana sallama da karyayyen Larabci. Hannuwanta na sama, riƙe da kyamarar. Ta gaji. Wallahi ta gaji.