Gilashin Tagar Goggo Teasie

Cathal Brannigan bai iya zama wuri ɗaya ba. Shekara goma sha uku ya yi a kurkuku kan bindigogin da sojan Ingila suka tono a bayan gidansu. An sako shi bayan yarjejeniyar sulhun da ta kawo ƙarshen rikicin ƙasar, amma har yanzu taku biyar yake yi ya juyo, daidai tsawon ɗakin da ya baro. Matarsa Nuala ta ce ya cinye mata kafet biyu.

Aikin da jam'iyyarsu ta ɗora masa shi ne kula da katangar da ta raba unguwarsu ta 'yan Katolika a arewacin birnin Belfast da ta 'yan Furotesta. An ba shi wayar hannu, an ba wani irinta a can ƙetare, in rigima ta taso su kira juna tun jini bai zuba ba. Mutumin can Wesley Gourley ne, shi ma tsohon fursuna, kurkuku ɗaya suka yi, ɓangare daban. Ba su taɓa haɗa hannu ba.

Wata Asabar cikin Yuli, da la'asar, gangunan bikin 'yan Furotesta na ta tashi a ƙetare, sai kwalba ta tsallako katanga ta fasa tagar kicin ɗin Goggo Teasie, ƙanwar mahaifinsa. Kafin Cathal ya iso daga ofis, labari ya riga shi. Wasu sun ce idonta ya tafi, wasu sun ce tana kwance rai a hannun Allah. Mutane sun fi ɗari a bakin ƙofar ƙarfen da ke jikin katangar, wasu riƙe da bulo.

Ya kira Wesley. Ba a ɗauka ba. Ya sake kira yana sassarfa, ya sake, har ya faɗa gidan.

Ya tarar da ita tsaye tana shara, da filasta a goshi.

"Goggo, an ce kin mutu."

"Wa ya ce? Duba nan, gurasar da na gasa duk gilashi. Kauce mini, kana tattaka shi."

"Ki zo waje su gan ki."

"Da wannan gashin? Ka haukace?"

Sai da ya nemo mata ɗankwali. Ya riƙo ta har bakin titi, mutane suka gan ta a kan ƙafafunta, hayaniya ta ɗan lafa. Amma Dessie Rooney, wanda suka yi shekara huɗu ɗaki ɗaya a kurkuku, ya tako gaba da bulo a hannunsa.

"Ga Ranka-ya-daɗe mai waya! Ina abokin naka? Yau kwalba, gobe fetur. Ka bar mu mu mayar musu da aikensu."

"Ajiye, Dessie. Bayanka ma bai warke ba, ka jefa wannan sai mun ɗauke ka."

Wasu suka yi dariya, ban da Dessie. Nan wayar ta yi ƙara.

"Ina ka shige?" in ji Cathal.

"Ina cikin masu ganga, ta yaya zan ji?" in ji Wesley. "Na samu labari. Wani sakarai ne ya sha ya yi tatil. Mun tura shi gida."

"Ba ni sunansa."

"Kai ma ka san ba zan ba ka ba. Da kai ne za ka ba ni?"

Cathal ya je ya dawo, ya je ya dawo a gaban ƙofar, idon jama'a a kansa. Ya san da shi ne, shi ma ba zai bayar ba.

"To ba ni wani abu, Wesley. Ba zan iya riƙe su hannu rabbana ba."

Wesley ya ce, "Ƙanena gilashi yake sayarwa. Ba ni minti ashirin. Amma kai za ka shigo da ni, kai za ka fitar da ni."

Minti ashirin ɗin nan Cathal ya yi su yana yawo tsakanin mutane, ya ja wannan gefe, ya tuna wa wancan belin da ke kansa. Da aka buɗe ƙaramar ƙofa sai ga Wesley, gajere mai sanƙo, rungume da gilashi. Cathal ya kama ɗaya gefen. Haka suka ratsa taron, ba mai iya sauri. Wata mata ta tofa yawu ya sauka a kafaɗar Wesley. Bai waiwaya ba.

A kicin suka ɗora shi a tagar. Ya gaza da kusan yatsa uku.

Goggo Teasie ta dubi gilashin, ta dubi Wesley. "Ku ko awo ba ku iya ba a can?"

"A yi haƙuri, Madam. Litinin zan kawo daidai."

"Ka aiko dai." Ta zuba masa shayi, ba ta ce ya zauna ba. A tsaye ya shanye.

Da suka fito rabin mutanen sun watse. Cathal ya raka shi har ƙofa, ya kulle da kansa. Ran Litinin gilashi ya zo, ya shiga daidai.

Dessie bai sake yi wa Cathal magana ba. Cikin makon aka rubuta "maci amana" da jan fenti a bangon gidansu, Nuala ta wuni tana gogewa. Da zaɓen kansila ya zo, jam'iyya ta tsayar da Cathal, ya bi unguwar ƙofa ƙofa sau biyu, ya ci da ƙuri'a sittin da ɗaya. A layin su Dessie mutum huɗu ne kawai suka buɗe masa.