Gajere a Tashar Jirgin Ikko

Ana tsaka da ginin dam ɗin Bakolori, Buba mai majigi ya sauka a Talata Mafara da wani tsohon fim marar magana. Da rana tsaka aka toshe tagogin ajin firamare da buhuna, mahauta da dillalan shanu suka cika shi maƙil.

Kai jama'a! Jirgin ruwa ne ya fito a bango, ya fi masallacin Juma'a girma, yana aman hayaƙi a tashar Ikko. Leburori sai kai da kawo suke da kaya a ka. Can sai ƙugiya ta ɗaga bijimi sama, ƙafafunsa na reto. Aji ya kaure da salati.

Shi kuwa Magaji dillali kunnen bijimin ya ƙura wa ido: tsaga biyu a hagu, shaidar gidansu. Ga kuma wani guntun mutum ya murɗe wutsiyar bijimi na biyu da hannun hagu. Ubansa Gajere bahago ne. Ya kora shanu Ikko a ƙafa tun Magaji na ciki, bai dawo ba. Shekara arba'in da biyar ke nan, ko kamanninsa Magaji bai sani ba.

"Tsaya! Maido shi baya!" Magaji ya daka wa Buba tsawa.

"Alhaji, a Bakura ake jirana kafin la'asar," in ji Buba.

"Wallahi ba ka tahiya sai Inna ta gani!"

Maiwada mahauci, ƙato da shi, ya zaune akwatin majigin daram. Magaji ya ruga gida, takalmi ɗaya a ƙafa, ya jawo mahaifiyarsa Inna Lantana, hannunta duk garin tuwo.

"Da girmana za a kai ni kallon aljanun bango?" Faɗa take har ƙofar aji.

Buba ya maido fim yana gunaguni. Hayaƙi, ƙugiya, bijimi. Guntun mutumin ya juyo yana dariya, bakinsa na motsi, babu sauti.

"Inna, shi ne?" in ji Magaji.

Inna ta ja mayafi ta rufe rabin fuska, ta durƙusa gaban bango.

"Malam, sannu da hanya," ta ce. "Randa za ka tahi kunya ta hana ni gaya maka. To ga shi nan, har ya yi furfura."