Layar da Sodangi Bai Rufe Ba

"Baba, ka buɗe baki! Abu guda ne ya rage!"

Ina tsakiyar daka na ji wannan tsawa ta bayan danga. Na yar da taɓarya na faɗa gidan, ko sallama ban yi ba. Sodangi baduku, maƙwabcina tun zuwana Sabon Birni, yana kwance a tabarma, ƙirjinsa na kuka kamar zugazugi. Ɗansa Jibrilla ya durƙusa a kansa da kundi a hannu.

"Kai, ɗan nan! Kashe shi za ka yi tun kwana bai ƙare ba?"

"Inna Tani, ke ce mishi ya ba ni. Za ni tahiya."

Kundin nan kowa a unguwa ya san shi. Kakan Sodangi ne ya rubuta shi da ajami, wai sana'o'in mutanen wani birni ne da ke ƙarƙashin gulbi. Babi-babi yake koyarwa: yadda ake saƙa riga da hayaƙi, yadda ake ɗinka takalmin taka ruwa, yadda ake haɗa layar da za ta ɓoye mutum a tsakar rana. Ni dai ban taɓa ganin mai rigar hayaƙi a kasuwa ba. Kuma al'adar masu kundi ce su bar abu guda ba su rubuta ba, sai dai uba ya faɗa wa ɗa baki da baki.

Layar ɓoyewar nan ce Jibrilla yake so. Matarsa Kadijatu ta tafi goyon ciki gidan iyayenta a ƙetaren iyaka, ƙasar da Faransa ke mulki, sai Turawan can da na nan suka ɓata, aka rufe iyaka. Ta haihu, bai ga ɗansa ba. Masu gadin kuwa ba sa tambaya, harbi suke. Ba a daɗe ba aka kawo gawar wani mutumin Burkusuma a kan jaki.

Sodangi ya buɗe ido da ƙyar.

"Ba magana ba ce, hannu ne. Layar ba ta ci sai mai kundi ya ɗinke ta da hannunai. Wani ya sa mata basilla, ta mutu. Kawo min fata."

Aka tayar da shi zaune, ya fara. Mutumin da a da yake cika faifai da layu kafin azahar, yanzu gefe guda ya cinye masa yini.

Washegari na kai masa kunu, Jibrilla ya fita roƙon Amiru, jagoran masu ƙetare iyaka a ɓoye, ya ƙara jira. Me zan gani? Tsoho yana warware ɗinkin jiya da haƙori!

"La'ilaha illallahu! Sodangi, mi kake yi?"

"Rage murya, Tani. Kakana mai daɗin baki ne, don yara ya tsara birnin nan. Wagga laya ko tsakuwa ba ta tarewa, balle harsashi."

"To ka hwaɗa mishi mana!"

"Na hwaɗa, ya ce rowa nika yi. In na ce babu, hannu wofi zai tahi. In na ce saura kaɗan, sai ya jira."

Tsoro ya kama ni, don na ga jikin nan ba zai daɗe yana ja ba.

Jibrilla ba wawa ba ne. Da ya ga aiki ba ya gaba, sai ya dasa kansa a gefen tabarma, ko masallaci a guje yake zuwa ya dawo. Warwara ta gagara. Gefe ya rufu, wani ya biyo. Ran da aka kama na ƙarshe, Amiru ya leƙo zaure.

"La'asar za mu tashi. Gulbi na cika, ba ni ƙara kwana don kowa."

Jibrilla ya ɗaura wa jakinsa kaya ya dawo ya tsuguna. Ina tsaye riƙe da ƙwarya. Sodangi ya nemi ruwa, ya sha. Ya ce a gyara masa matashi, aka gyara. Ya ce zaren ya yi kauri, aka sake. Dabara ta ƙare, bakin layar bai fi faɗin yatsa ba.

"Baba, don girman Allah!"

Tsohon ya soka basilla. Ya ɗaga kai ya dubi ɗansa, ya daɗe yana dubansa.

"Riƙe min kai, Jibrilla. Na gaji."

Ya riƙe. Muka ji kalmar shahada a hankali, hannun ya sauka a cinya.

Kafin a dawo daga maƙabarta su Amiru sun yi nisa. Jibrilla ya miƙo min layar, idonsa jawur.

"Inna, ke ma kin iya ɗinki."

"Da kunnenka ka ji abin da ya ce."

Na tausaya masa har cikin raina, amma wallahi sanyi na ji. Ya zauna a inda ubansa yake zaman aiki, layar a gwiwarsa, basillar na tsaye a jikinta. Can ya tashi ya kwance wa jakin kaya, ya ɗebo masa ruwa.